Matan Indiya Ba Rawa Kaɗai Suka Iya Ba

Edita,

Ina roƙon ka ba ni ɗan fili a wannan jarida tamu mai farin jini in yi tsokaci a kan matan ƙasar Indiya. Yawancinmu a fim muka san su, suna waƙa da rawa cikin furanni. To jama'a, talakar matar Indiya ina ta ga lokacin wannan?

Binciken da gwamnatinsu ta yi a 2019 ya nuna mace kan shafe kusan awa 5 kullum tana aikin gida, namiji kuwa awa ɗaya da rabi. Ga girki, ga reno, ga hidimar surukai, domin a can galibi gidan iyayen miji amarya take tarewa. Ga tsadar rayuwa ta sa dole ita ma ta nemo na kanta.

Gwamnati ta yi dokoki. A 1961 ta hana dukiyar da iyayen amarya ke bai wa ango, amma al'adar ba ta mutu ba. A 1993 aka ware wa mata kashi ɗaya cikin uku na kujerun majalisun ƙauyuka, sai ga shi a wurare da dama matar ce ke da kujera, mijin ke mulki.

A ganina, abin da ya fi taimakonsu shi ne haɗin kai. A 1959 mata 7 a birnin Bombay, wato Mumbai a yanzu, suka ranci rupi 80 suka fara yin papad, wata siririyar waina ta garin wake da ake shanyawa a rana. Ƙungiyar tasu, Lijjat, ta kai dubun dubatar mata. Da sassafe mace za ta karɓi kwaɓin, ta murza a gidanta tana lura da 'ya'yanta, kashegari ta kawo a biya ta. Haka kuma ƙungiyar SEWA da Ela Bhatt ta kafa a Ahmedabad a 1972: mata 4,000 suka zuba rupi goma-goma suka buɗe bankinsu a 1974, don su huta da masu ba da rance da ruwa.

Edita, ai matanmu ma a cikin gida suke yin ƙuli-ƙuli da daddawa da saƙa, ga kuma adashi. Illar ita ce kowace ita kaɗai take fama, sai a ɗora wa yarinya tallar, makaranta ta wuce ta. Da matan unguwa za su haɗa jari, su sayi gyaɗa da kaka, su sami mai sarin kayan gaba ɗaya, da yarinyar nan ta zauna a aji. Hannu ɗaya ba ya ɗaukar jinka. Magidanta, mu ba su goyon baya, kuma don Allah mu cire hannu daga jarin.

Allah ya sa mu dace, amin.

Naka,
Mai karatu daga Funtuwa.