Girkin foyil na Asiya: Ba naman alade ne kaɗai abin dubawa ba

Duk mai kallon bidiyon girki a TikTok ko YouTube ya taɓa cin karo da shi. A yanka nama siri-siri, a haɗa da karas da kabeji da koren tattasai, a zuba soya sos da citta da tafarnuwa, a ƙunshe a takardar foyil, a saka a obin mai zafin digiri 200. Cikin minti 20 zuwa 25 abincin dare ya sauka, babu tukunyar wankewa. Sai dai a wasu daga cikin bidiyoyin da ke fitowa daga Amurka da Turai, naman alade ne a ciki, kuma da zarar Musulmi ya ji haka sai ya goge allo ya yi gaba.

Wannan saurin wucewa asara ne, domin a duk kayan haɗin nama ne ya fi sauƙin sauyawa. Cinyar kaza da aka cire wa ƙashi ta yi, tarwaɗa ta yi, tsokar naman sa ma ta yi idan an yanka ta falle-falle. Dabarar ce abin ɗauka. Ruwan jikin kayan lambun ne ke zama tururi, foyil ɗin ya tsare shi, ya dafa komai ba tare da an tsuga mai ba. Ko obin ba dole ba ne, garwashin kurfoti ya isa, abin da zai yi wa gidajen da tsadar gas ta mayar kan gawayi daɗi.

Akwai 'yan ƙa'idoji. Karas ya fi kabeji taurin kai, don haka a yanka shi ƙanana a shimfiɗa a ƙasa. A bar wa tururi wuri a cikin ƙunshin, a ninka bakin sau biyu. Kaza sai cikinta ya kai digiri 74, wato babu sauran ja kusa da tsakiya. Masu cin alade kuwa, daga Kudancin Kaduna zuwa Filato, su ma kada su yi masa dahuwar sama-sama, saboda tsutsar ciki da ke shiga jikin mutum ta naman da bai nuna ba.

Inda hankali ya kamata ya koma shi ne kwalaben da ake tsiyayawa a kan naman. Uwargida za ta sa kaza a madadin alade ta ɗauka shi ke nan, alhali jerin kayan haɗin na ɗauke da mirin ko sake na Japan, ko Shaoxing na China. Dukkansu giyar shinkafa ce. Mirin na asali yana da barasa kusan kashi 14 cikin 100, ƙarfin giyar inabi ke nan. Masu bidiyo kan ce zafi na ƙone ta. Ba duka take fita ba ko a buɗaɗɗiyar tukunya, balle a ƙunshin da aka toshe da gangan don kada tururi ya tsere.

Soya sos ɗin kansa, wanda aka tsima ta hanyar gargajiya da waken soya da alkama, yakan fito da ɗan barasa kaɗan daga tsimin. Malamai sun yi saɓani a kan irin wannan, kuma ba aikin marubucin girki ba ne ya yanke hukunci. Amma Musulmin Asiya sun daɗe da sauƙaƙa wa kansu lamarin. Malesiya na da hukumar JAKIM, Indonesiya na da BPJPH, suna tantance kayan abinci su buga musu tambarin halal, har kamfanin Kikkoman na Japan yana yin soya sos mai irin wannan shaida. Juya kwalba a karanta bayanta ba ya cin minti ɗaya. Abin da mirin ke kawowa kuwa zaƙi ne da ƙyalli, kuma cokalin zuma zai yi wannan aikin.

Sai gishiri. Babban cokali ɗaya na soya sos na ɗauke da sodiyam kusan miligiram 900, alhali Hukumar Lafiya ta Duniya ta ce kada babba ya kai 2,000 a yini. Hannun da ya saba da murmusa dunƙule biyu a kowace miya zai so ya ƙara a nan ma. Kada ya ƙara. Mai hawan jini a gidan shi zai biya.

Foyil ɗin ma ba a bar shi a baya ba. Alminiyom ne, kuma tsami da gishiri da zafi suna sa ya riƙa zuba cikin abinci. Hukumar nazarin haɗurran abinci ta Jamus, BfR, ta ba da shawarar kada a haɗa foyil da abinci mai tsami ko gishiri sosai. Kwamitin ƙwararru na FAO da Hukumar Lafiya ta Duniya ya sa iyaka a 2011: miligiram 2 a kan kowane kilo na nauyin mutum a mako. Cin ƙunshi ɗaya jefi-jefi ba abin tayar da hankali ba ne ga mai lafiya, tunda ƙoda na fitar da mafi yawan abin da jiki ya sha. Mai ciwon ƙoda da ƙananan yara ne ke buƙatar kulawa. Masu gasa kifi a bakin titi da ke matse lemon tsami da tumatir a kan tarwaɗa kafin su naɗe ta a ɗora kan wuta, su ne ya kamata wannan magana ta fara isa gare su. Lemon ya jira sai an buɗe ƙunshin.

Abin mamakin shi ne, Asiyar da ake jingina wa girkin ba da foyil ta fara ba. Japan na da nata kifin salmon da ake gasawa a foyil da naman kaza, gaskiya ne. Amma Sundawan Yammacin Java a ganyen ayaba suke ƙunshe kifi da kayan ƙamshi su turara, abin da suke kira pepes. Otak-otak na Malesiya da Singapore a ganye ake gasa shi. A Hangzhou da ke China, kaza sukutum ake naɗewa a ganyen bado a lulluɓe da yumɓu. Wannan ba baƙon abu ba ne ga wanda ya san alalen ganye, kafin leda da gwangwanin madara su karɓe aikin. A 2016 ministan noma na lokacin, Audu Ogbeh, ya yi gargaɗi kan dafa alale a leda, amma har yau ledar ce a tukunya.

Kayan ƙamshin ma na gida ne. Citta daga Kachia take fitowa, riɗin Jigawa da Nasarawa da Binuwai ake lodawa zuwa Japan da China, sannan a sayo man riɗi a ƙaramar kwalba da tsadar gaske a manyan kantunan Abuja da Kano.

Wanda ke son sauƙin foyil ba tare da damuwarsa ba, sai ya shimfiɗa ganyen ayaba a ciki, abincin ya zauna a kan ganyen, foyil ya tsare tururi daga waje. A wanke ganyen, a ɗan gitta shi a kan wuta har ya yi laushi ya sauya launi, in ba haka ba zai tsage wajen naɗewa.