Kuɗi Mai Ƙofa Ɗaya: Lissafin Gina Wasa a Roblox Daga Birnin Kudu

Shekarar 2024 ta koya wa matasan Arewa darasi mai tsada. Bayan da Notcoin ta fashe a watan Mayu, wasu suka ga kuɗi a hannu, sai dangwale ya zama aikin dare da rana, tun daga Kano har garuruwa irin su Birnin Kudu da Gwaram. Magidanta da matan aure da ɗalibai, kowa ya duƙufa kan waya yana tara maki a Hamster Kombat. Ranar 26 ga Satumba da aka buɗe cinikin sulallan, mafi yawan waɗanda suka shafe watanni suna dangwale suka tarar abin da suka tara bai wuce 'yan daloli ba. Miliyoyin da ke rubuce a fuskar waya daban, abin da ya shiga asusun banki daban.

Akwai wata hanyar neman kuɗi ta intanet da ta fi dangwale mutunci nesa ba kusa ba. Mutum ya gina wasan kwamfuta nasa na kansa a kan wani dandali, 'yan wasa su sayi kaya a ciki da kuɗin wasa, shi kuma ya canza abin da ya samu zuwa dala. Dandalin da ya fi shahara a wannan harka shi ne Roblox. A ganina hanyar ta cancanci matasanmu su shige ta, da sharaɗin su ɗauke ta makarantar koyon sana'a. Wanda zai shiga da zaton ya sami gonar da zai ciyar da iyali, ya fara zama ya yi lissafi, domin ramin da 'yan dangwale suka faɗa yana nan a wannan hanyar ma, sai dai an fi lulluɓe shi.

Yadda kasuwar take

David Baszucki da Erik Cassel ne suka kafa Roblox a Amurka, aka buɗe shi ga jama'a a 2006. Kamfanin ba shi ne ke gina wasannin da ke cikinsa ba. Yana bayar da manhajar gini kyauta, mai suna Roblox Studio, kowa ya gina nasa ya ɗora. A 2025 masu shiga dandalin a kowace rana sun haura miliyan 100, kuma kaso mai yawa daga cikinsu yara ne da ba su kai shekara 13 ba. Yawancin wasannin kyauta ake shigarsu. Inda kuɗi ke fitowa shi ne ƙananan kayan da mai wasa ke sayarwa a ciki: tufafin ado, abin hawa mai gudu, izinin shiga wani ɓangare da aka rufe, ko hanyar tsallake jira. Duk wannan ciniki da kuɗin kamfanin ake yin sa, wato Robux, wanda ɗan wasa ke saye da kuɗin gaske. Tun 2013 kamfanin ya buɗe tsarin da mai gina wasa zai mayar masa da Robux ɗin da ya samu ya karɓi dala.

Ga lissafin. Yaro ya sayi Robux 800 a wayarsa kan dala 10, ya kashe su duka a wasanka. Kamfanin zai cire kashi 30 cikin 100, ya bar maka 560. Idan ka zo canji, farashin da yake saye shi ne dala 3.80 kan kowane Robux 1,000, bayan ƙarin da ya yi a Satumban 2025 daga dala 3.50. Abin da zai zo hannunka dala 2.13 ne. Idan yaron ta kwamfuta ya saya, inda dala 10 ke kawo Robux 1,000, rabonka zai kai dala 2.66. A lissafin naira 1,500 kan kowace dala, an kashe naira 15,000 a shagonka, kai kuma ka tashi da abin da bai wuce naira 3,200 zuwa 4,000 ba. Wanda ya ji an ce kashi 70 nasa ne ba a yi masa ƙarya ba. Kashi 70 ne na Robux, amma na dala bai wuce kusan kashi ɗaya cikin huɗu ba.

Bayan haka akwai shinge. Ba a canji sai mutum ya tara Robux 30,000 na cinikin da ya yi da kansa, wanda ya kama dala 114. Kafin ka kai nan sai an yi maka cinikin kusan Robux 43,000, wato 'yan wasa sun kashe sama da dala 500 a farashin waya. Duk wanda bai kai shingen ba, abin da ya tara ba ya da amfani sai a cikin Roblox: ya sayi tallan wasansa, ko ya yi wa ɗan hotonsa ado. Miliyoyin mutane sun sami Robux ta hanyar gini, amma waɗanda suka cancanci canza shi zuwa dala ba su kai dubu 30 ba a ƙarshen 2024.

Adalci ya sa a faɗi hujjar kamfanin. Apple da Google suna yankar har kashi 30 na cinikin da aka yi ta waya kafin kuɗin ya iso gare shi. Shi ke ɗaukar nauyin manyan kwamfutocin da wasannin ke gudana a kansu, shi ke biyan masu sa ido, shi ke kawo 'yan wasa, kuma mai gini bai biya ko sisin kwabo ba kafin ya fara. Akwai ƙarin ladan da yake bayarwa gwargwadon yadda wasa ke riƙe 'yan wasa. A 2023 ya biya masu gini fiye da dala miliyan 700, a 2024 fiye da miliyan 900. Kuɗin na gaske ne, sai dai mafi yawansa yana tafiya ne ga tsirarun wasannin da ke kan gaba, waɗanda da yawansu yanzu kamfanoni ne masu ma'aikata.

Abin da manomin riɗi ya fi mai wasa

Wani zai ce ai kowane kuɗi yarda ce, naira ma takarda ce. Gaskiya ne, kuma tarihinmu ya shaida. Kalmar kuɗi ita kanta jam'in wuri ce. Lokacin da Bajamushen nan Barth ya zo Kano a 1851, wuri 2,500 ake canzawa da dalar azurfa ɗaya. Da 'yan kasuwar Turai suka cika gaɓar teku da wurin Zanzibar, darajarsa ta yi ta zubewa, Turawan mulki suka hana shigo da shi a 1904, sannu a hankali sulalla suka kore shi. Wanda ya adana dukiyarsa a wuri ya ga yadda hukuncin wani can nesa ke cinye gumin mutum. Duk da haka, a zamaninsa wuri yana sayen gero a wajen kowa, yana biyan sadaki, yana biyan haraji. Robux mai saye ɗaya gare shi, kuma shi ne mai buga shi.

Manomin da ya kai buhun riɗi kasuwar Sara a ƙasar Gwaram ya san farashin da za a taya masa bai kai na Dawanau ba, na Dawanau kuma bai kai na ƙasashen da ake kai riɗin ba. Ya san dillali zai ci la'ada. Amma idan tayi bai yi masa ba, yana iya cewa albarka, ya juya ga wani mai saye, ko ya mayar da buhunsa gida ya jira farashi ya tashi. Mai gina wasa a Roblox ba shi da wannan 'yanci. Mai kasuwar shi ne mai rumfar, shi ne mai mudun, shi ne mai buga kuɗin, shi ne kuma ɗan canji. Yana iya sauya farashi, yana iya ƙin amincewa da buƙatar canji, yana iya rufe asusu. Wasan da aka gina a can ba ya ɗaukuwa ɗungurungum a kai shi wani dandali. Gwamnati ma tana iya rufe ƙofar baki ɗaya, kamar yadda Turkiyya ta toshe Roblox a Agustan 2024 saboda dalilan kare yara.

Wa zai saya?

Matashin Birnin Kudu yana da nasa ƙarin nauyin. Ana yin wasa a waya, amma gini sai da kwamfuta. Kwamfuta na son wuta, kuma duk mai dogaro da KEDCO ya san halin da ake ciki. Data ta ƙara tsada tun da hukumar sadarwa ta amince da ƙarin kashi 50 cikin 100 a Janairun 2025. Waɗannan duk ana iya shawo kansu da sola da haƙuri. Tambayar da ta fi wuya ita ce ta masu saye. Idan ya gina wasa da Hausa domin yaran garinsu, zai sami masu yi, amma ba zai sami ciniki ba, domin naira 15,000 ta Robux 800 ta haura kashi ɗaya cikin biyar na mafi ƙarancin albashi, naira 70,000. Idan ya gina domin yaran Amurka da Turai masu katin iyaye a hannu, ya shiga gasa da kamfanoni masu kuɗin talla.

Mafitar, a ganina, ita ce ya gina daga abin da ya fi kowa sani, ya tsara shi yadda baƙo zai gane ba tare da dogon bayani ba. Ɗaya daga cikin wasannin da suka fi tashe a 2025 shi ne Grow a Garden, wasan shuka da girbi da kai amfani kasuwa, wanda ya taɓa tara 'yan wasa fiye da miliyan 20 a lokaci guda. Yaron da ya tashi a Gwaram ya fi maginan wannan wasa sanin noma. Akwai langa, akwai dara, akwai dambe da tuni ya sami 'yan kallo a ƙasashen waje ta YouTube. Akwai zanen dutse na Dutsen Habude da Dutsen Mesa, da duwatsun nan masu amo idan an kaɗa su. Wannan jari ne da ba a saye da dala.

Sai batun halacci, wanda ba za mu tsallake shi ba. Hanyar da ta fi saurin kawo kuɗi a irin waɗannan wasanni ita ce akwatin sa'a: yaro ya biya, bai san abin da zai fito masa ba, ya sake biya yana fatan dacewa. Hukumar caca ta Beljiyam ta ayyana irin wannan a matsayin caca tun 2018. A Disamban 2022 kamfanin Epic Games, mai wasan Fortnite, ya amince ya biya dala miliyan 245 domin a mayar wa waɗanda aka ja su ga sayen abin da ba su yi niyya ba. Mu ba sai mun jira hukuncin Turai ba. Fiƙihunmu ya daɗe da hana cinikin garari, inda mai saye bai san abin da yake saye ba. Kasancewar yaron ɗan wata ƙasa ne bai halatta kuɗinsa ba. Mai gini ya sayar da abu sananne a farashi sananne, ko da cinikin zai ragu.

Ribar da ba ta bi ta ƙofar kamfani

To me ya sa na ce a shiga? Saboda abin da ya bambanta mai gini da ɗan dangwale. Wanda ya yi wata shida yana dangwale ya fita da ciwon yatsa. Wanda ya yi wata shida yana gini, ko wasansa bai kawo sisi ba, ya fita da iya rubuta manhaja da harshen Luau, da ƙera siffofi, da sanin dalilin da ke sa mutane su dawo ga abu ko su guje shi. Wannan ilimi ba ya cikin asusun da wani zai iya rufewa. Da shi ake yi wa wasu maginan aikin kwangila, da shi ake tsallakawa zuwa wasu manhajojin gina wasa, ko aikin manhaja gaba ɗaya. Mai karɓar kwangila kuwa ya nemi a rubuta yarjejeniya, kuma a biya shi da naira ko dala. Wanda ya karɓi Robux a matsayin lada ya karɓi bashi ne a kan wanda bai yi ciniki da shi ba.

Shirin 3MTT da gwamnatin tarayya ta ƙaddamar a 2023 ya sa gina wasanni cikin fannonin da yake koyarwa, kuma wannan abin yabo ne. Abin da ya rage shi ne a haɗa koyarwar da wannan lissafi, kada a yaye matasa da labarin tsirarun da suka kuɗance kawai. Ɗakin kwamfuta mai sola da ke buɗe har yamma, a makaranta irin kwalejin gwamnati ta Birnin Kudu ko wata sakandare a Gwaram, zai fi taron bita na kwana uku amfani.

Masu karatu da yawa a nan su ne yayyen da za a zo wa da roƙon a sayi kwamfuta. Idan ƙane ko ɗa ya zo da wannan buri, kada a kore shi, kada kuma a ɗauki lambobin fuskar kwamfutarsa a matsayin kuɗi. A zauna da shi a tambaye shi abu uku: nawa ne zai shiga asusun banki da naira bayan an cire komai, wane ne zai saya kuma me ake sayar masa, sannan me zai rage a hannunsa idan aka wayi gari dandalin ya rufe. Idan ya iya amsa ta ukun da sunan sana'ar da ya koya, a saya masa kwamfutar.