Kabad A Buɗe Tsakiyar Kasuwa

Zuwa ga Edita,

Yau ma ina roƙon ɗan fili in yi magana da 'yan'uwana akawuna da malaman makaranta.

Ran da na kama aikin ofis, abin da babban akawu ya fara koya mini shi ne kada in tashi sai na kulle kabad na fayil, na jefa mabuɗi aljihu. To, yanzu takardu da yawa sun ƙaura zuwa cikin kwamfutar nan mai riƙe da shafin intanet, wadda a ke kira saba, amma kwado bai bi su ba.

Ga yadda abin ya ke. Saba jaka-jaka ta ke ajiye takardu. In jaka ba ta da shafin farko, maginin kuwa bai hana ba, sai ta jera sunan kome da ke ciki ga duk wanda ya rubuta adireshin. Ba a fasa ƙofa ba, ba a haura katanga ba. Google ma ya kan bi ya kwashe jerin, mai nema ya samu yana kishingiɗe.

Kada a ce sai Turai. Cikin 2022 masu bincike na Website Planet suka tarar hukumar inshorar lafiya ta Jihar Filato ta bar ma'ajinta na intanet ba kulle, da sunaye da hotunan mutum fiye da 37,000.

Mu nan Jangebe ba mu manta da 26 ga Fabrairu 2021 ba, da aka kwashe 'yan mata 279 daga makarantar kwana cikin dare. Ban ce ta intanet aka san su ba. Amma jama'a ku duba: sunan yarinya, da garinsu, da lambar wayar ubanta, ga kuma takardar albashi mai nuna wanda ke da abin hannu. Me mai neman kuɗin fansa ya ke bukata da ya wuce wannan?

Don haka ina roƙon shugabannin makarantu da na ofisoshi a Talata Mafara da Bakura da Maradun, kowa ya kira wanda ya gina masa shafi. A gwada buɗe jakunkunan nan da wayar baƙo a gabanku. Wadda ta buɗe, a hana jerin, a sa kalmar sirri, tsofaffin takardu kuwa a cire su. Dokar kare bayanan jama'a ta 2023 a wuyan mai ajiya ta rataya wannan nauyi, ba a wuyan magini kaɗai ba.

Naku,
Akawu, Jangebe.