Yawon Gonakin Inabi Da Teburin Giya: Ina Musulmi Zai Tsaya?



A wannan mako za mu duba wata mas'ala da ta shafi attajiranmu da ma'aikatan gwamnati waɗanda aiki ko fatauci kan kai ƙasashen waje. Samaru gari ne na boko da binciken noma, domin tun 1922 aka kafa tashar binciken aikin gona a nan, wadda ta shiga ƙarƙashin Jami'ar Ahmadu Bello a 1962. Sabon Gari kuwa matattarar ciniki ce tun da jirgin ƙasa ya iso Zariya a 1911. Saboda haka ba baƙon abu ba ne a ji wane ya tafi kwas Faransa, wane ya tafi taro Afirka ta Kudu, wane kuma kamfani ya gayyace shi Italiya ganin injuna.

To, a irin waɗannan ƙasashe akwai wata al'ada ta karrama baƙo. Idan an gama aiki sai a ware yini guda, a ɗauko mota da direba da ja-gora domin baƙon kaɗai ko da 'yan rakiyarsa, a fita da shi yankin da ake noman inabi, kamar Bodo a Faransa, ko Sitelanbosh kusa da Kef Tawun, inda aka buɗe hanyar yawon gonakin giya tun 1971. Za a zagaya da shi gona biyu ko uku, a nuna masa kuringar inabi, a shiga da shi ɗakunan ƙarƙashin ƙasa inda gangunan katako ke jere, sa'an nan a zaunar da shi a jera masa tambulan huɗu ko biyar, kowanne da irin giyarsa, a ce ya ɗanɗana. Daga nan sai abincin rana, wanda aka tsara kowane kwano da giyar da za ta raka shi. A ƙarshe a bi da shi ta kantin gonar ya sayi tsaraba. Su a wurinsu wannan ita ce matuƙar girmamawa, kuma galibi ba da mugun nufi suke yi ba. Tambayar ita ce, mene ne matsayin Musulmi a wannan yini?

Kowa ya san giya haramun ce, amma yana da kyau mu tuna yadda haramcin ya sauka, domin a cikinsa akwai amsar tambayarmu. Da fari Allah Maɗaukakin Sarki Ya ambaci dabino da inabi a Suratun Nahli, aya ta 67, inda Ya rarrabe tsakanin abin maye da ake samu daga gare su da kuma kyakkyawan arziki. Daga baya a Suratul Baƙara, aya ta 219, aka bayyana cewa zunubin giya ya rinjayi amfaninta. Sai Suratun Nisa'i, aya ta 43, ta hana kusantar salla cikin maye. A ƙarshe Suratul Ma'ida, aya ta 90 da ta 91, ta yanke hukunci, kuma lafazin da ta zo da shi umurni ne na a nisance ta, wanda ya fi hana sha kaɗai faɗi. Anas ɗan Malik, Allah Ya yarda da shi, ya ba da labari cewa yana cikin shayar da mutane a gidan Abu Ɗalha aka yi shelar haramcin, nan take aka tuntsurar da tuluna har ta kwarara a lungunan Madina. Ba wanda ya ce bari ya ƙarasa abin da ke hannunsa.

Hadisin da Tirmizi da Ibn Majah suka ruwaito ya lissafa mutum goma da la'ana ta hau kansu a sha'anin giya: mai matsa ta da wanda aka matsa dominsa, mai sha da mai shayarwa, mai ɗauka da wanda aka kai wa, mai sayarwa da mai cin kuɗinta, mai saye da wanda aka saya wa. Mu lura, mashayi ɗaya ne tak cikin goman. Sauran tara ana iya samunsu ba su taɓa kai ta baki ba. Haka kuma an ruwaito daga Jabir cewa Manzon Allah, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya hana duk mai imani da Allah da Ranar Lahira zama a kan teburin da ake zagayawa da giya.

Idan muka auna wancan yini da wannan ma'auni, sai mu ga ya kasu kashi-kashi. Kallon gona da tambayar yadda ake dashe da ban ruwa da aske rassa, babu laifi a cikinsa. Amma ita wannan fita ba domin gona aka shirya ta ba; an shirya ta ne domin tallata giya, kuma kuɗin da aka biya ya haɗa da kuɗin abin da za a zuba a tambulan. Wanda ya biya ya zama mai saye, wanda aka biya masa ya zama wanda aka saya wa idan ya karɓa, wanda ya zauna ya hau teburin da aka hana, wanda kuma ya cusa kwalba biyu a akwati domin ya kawo wa abokin aikinsa da ba Musulmi ba, ya zama mai ɗauka.

Akan kawo uzuri iri uku. Na farko, wai masu ɗanɗanon ba haɗiyewa suke yi ba, kurkurawa suke yi su tofar a wani kwano. Amsa ita ce giya najasa ce a mazhabar Imamu Malik da wurin jamhurin malamai, kuma babu mai hankalin da zai kurkure bakinsa da najasa da gangan. Ban da haka, ƙa'idar da Ibn Abi Zaid ya kafa a Risala, wadda ake karantawa a zaurukan Zariya, ita ce abin da mai yawansa ke sa maye, kaɗan ɗinsa ma haramun ne. Giyar inabi kuwa takan ƙunshi sinadarin maye kashi 12 zuwa 15 cikin ɗari, watau ta ninka giyar kwalba ta yau da kullum sau biyu ko uku.

Uzuri na biyu, wai abincin kawai za a ci. To, a sani cewa a waɗannan wurare akan dafa kaza da naman sa cikin giya, akan zuba ta a miya da kayan zaƙi, kuma wuta ba ta kore ta ƙaf kamar yadda ake zato. Farantin buɗe baki kuma sau da yawa yankakken naman alade ne da cuku. Wanda bai tambaya ba, shi ya so.

Uzuri na uku shi ya fi nauyi, watau tsoron kada a ɓata wa mai masauki rai har kwangila ta kuɓuce, ko shugaban tawaga ya ɗauke ka bagidaje. Ba mu raina wannan damuwa ba, domin abinci ne na iyali ke kan gaba. Amma lalurar da shari'a ta yarda da ita ita ce wadda rai ke cikin haɗari, kamar misalin da malaman fiƙihu kan bayar na wanda loma ta shaƙe shi babu ruwa a kusa. Jin kunyar Bature bai kai nan ba. Su kansu mutanen can sun saba da baƙin da ba su sha, ko don addini ko don lafiya ko don tuƙi, kuma mai ciniki na gaskiya farashi da cika alkawari yake dubawa. Ga ma'aikacin gwamnati akwai ƙarin nauyi: kuɗin guzurin da aka ba shi daga baitulmali ya fito, haƙƙin talakawa ne, kuma zai amsa tambaya a kan inda ya kashe shi.

Kada kuma a wuce gona da iri a ɗauka inabin kansa abin ƙi ne. Alƙur'ani ya ambace shi cikin ni'imomin duniya da na Aljanna. Imamul Ƙarafi, babban malamin Malikiyya da ya rasu a Masar a 1285, da yake bayanin toshe kafofin ɓarna a littafinsa Al-Furuƙ, ya kawo noman inabi a matsayin misalin abin da aka haɗu a kan ba a hana shi don tsoron a yi giya da shi. Masu tarihi sun ambaci cewa Halifa Hakam na Biyu, wanda ya mulki Ƙurɗuba daga 961 zuwa 976, ya yi niyyar tumɓuke kuringar inabin Andalus, sai aka nuna masa cewa mashaya za su koma ga ɓaure, ya fasa. Ruwan inabi halal ne muddin bai tashi ba. Abin da ke mai da shi giya shi ne a bar shi yis ya cinye zaƙinsa ya juya shi abin maye. Zabibi halal ne, haka kuma giyar da ta juye da kanta ta zama khal ta tsarkaka.

Wannan bayani ya shafe mu kai tsaye, domin a nan kusa da mu, a ƙasar Kudan da Hunƙuyi, manoma sun rungumi noman inabin ci har yankin ya yi suna da shi. Sana'a ce mai albarka, sai dai da sharaɗi biyu. Na ɗaya, malamanmu na Malikiyya sun hana sayar da inabi ga wanda aka san matsa shi zai yi ya yi giya; dillali da manomi su san wa suke ɗora wa kaya. Na biyu, akwai zakka a cikinsa idan ya kai nisabi, watau wusuƙi 5, daidai da sa'i 300, bisa kintacen abin da zai zama in ya bushe. Ushiri ne idan ruwan sama ya shayar, rabin ushiri idan da inji ko wahala aka yi ban ruwa, kuma irin da ba ya zama zabibi daga kuɗinsa ake fitarwa. Wanda ke sha'awar yawon gonar inabi, ga ta nan a bayan gida, ya je ya gani ya saya ya ci, babu tambulan a gabansa.

Wanda kuma tafiya ta kai shi Kef Tawun, akwai abin da ja-gora ba safai yakan faɗa ba. An fara matsa giya a can a 1659, kuma da gumin bayi gonakin suka ginu, cikinsu har da waɗanda Turawan Holan suka kwaso daga tsibiran Indunusiya da gaɓar Indiya. Daga baya aka daɗe ana biyan leburorin gona wani sashe na ladansu da giya. Doka ta hana wannan a 1960, amma al'adar ta ci gaba a wasu gonaki shekaru da dama, ta bar gadon shaye-shaye da jariran da ake haifa da lahani. A wannan yanki ne aka tsare Shaihu Yusuf na Makasar, wanda aka kawo gudun dole a 1694 ya rasu a 1699, kabarinsa na nan ba nisa da Sitelanbosh. A cikin birni kuma ga Masallacin Auwal da aka kafa a 1794. Musulmin can sun yi shekara fiye da ɗari uku a tsakiyar gonakin giya suna riƙe da addininsu, wasunsu cikin ƙangin bauta. Zai zama abin kunya baƙon kwana biyar daga Zazzau ya kasa riƙe nasa. Idan za a ba ka mota da direba na yini guda, ka roƙi a kai ka waɗannan wurare, ka ci abincin Musulmin garin, ka yi salla cikin jam'insu.

Shawararmu ga matafiyi ita ce ya nemi jadawalin tafiya tun kafin ya bar gida. Idan ya ga an sa yinin giya, ya rubuta wa masu masauki cikin ladabi cewa shi Musulmi ne, ba ya sha kuma ba ya zama inda ake sha, ya nemi a musanya masa da ziyarar masana'anta ko gonar 'ya'yan itace ko wurin tarihi. Faɗa tun da wuri ta fi janye hannu a gaban jama'a. A wurin cin abinci ya tambayi abin da aka sa a girki, ya zaɓi kifi ko ganye idan yana shakkar yanka. Idan aka miƙo masa kwalba kyauta, ya yi godiya ya bayyana uzurinsa. Idan kuwa ya tsinci kansa a wurin ba da saninsa ba, ya tashi daga teburin lokacin da ake zubawa, ya ƙi abin a zuciyarsa, ya nemi gafara.

Wannan jarrabawa ba a Turai kaɗai take ba. Yarjejeniyar Burasal ta 1890 ta taƙaita shigo da barasa yankunan Afirka da ba su saba da ita ba, Gwamna Lugga ya sa Arewa cikin yankin hani, amma aka bar lasisi a unguwannin baƙi irin su Sabon Gari. Dokar Final Kot ta Jihar Arewa, wadda ta fara aiki a 1960, ta sa hukunci a kan Musulmin da ya sha. Duk da haka liyafar ƙarin girma da ta sallamar ma'aikaci da cinikin da ake ƙullawa a otal suna sa mutum a gaban teburi iri ɗaya da na Bodo, kuma hukuncin bai canja ba. Maƙwabtanmu da ba Musulmi ba kuwa, ba a ɗora mana kutsa kai cikin gidajensu ko fasa musu kaya ba. Hasali ma a mazhabarmu Musulmin da ya zubar da giyar wanda ke zaune da amana ba tare da ya bayyana ta ba, sai ya biya. Abin da aka ɗora mana shi ne kanmu da iyalanmu da dukiyarmu. Hukumar Lafiya ta Duniya ta ƙiyasta cewa giya ta yi sanadin mutuwar mutum miliyan 2.6 a shekarar 2019 kaɗai, saboda haka wanda ya ƙi ta ba shi da abin jin kunya a gaban kowa.

Allah Ya tsare mana imaninmu a gida da daji, Ya sa albarka a fataucinmu da aikinmu, Ya ciyar da mu halal. Wanda aka jarrabe shi da wannan abu a baya, ƙofar tuba a buɗe take.