Minal: Sunan da Babu Shi a Ƙamus, Amma Yana da Kaka

Safiyar suna a Fagge ba ta sauya kama sosai ba. Bayan sallar asuba maza kan taru a ƙofar gida, a shimfiɗa tabarmi, a raba goro da dabino da alawa, liman ya yi addu'a, sannan a ɗaga murya a shaida wa jama'a cewa yarinya ta ci sunan Amina. Da wannan suna ake yanka rago. Amma kafin azahar hoton jaririyar ya gama zaga wayoyin dangi, a ƙarƙashinsa an rubuta: "Amina, za a riƙa kiranta Minal." Daga ranar nan da wuya a sake jin Amina a gidan, sai ko ranar da za a sa ta makaranta, ko ranar da waliyyai za su zauna ɗaurin aurenta.

A irin wannan gida ne na ji wata dattijuwa, wadda ita aka yi wa takwara, ta ɗauki jikar tana juya ta, ta dubi surukarta ta ce, "Wai ni 'yar nan, Minal ɗin nan da wane yare ne?" Aka yi dariya, aka wuce. Ni kuwa tambayar ta zauna mini, domin ta fi ƙarfin dariya.

Ina aka samo shi?

Wanda ya nemi ma'anar Minal a intanet zai tarar da shafuka masu yawa suna ce masa sunan Larabci ne mai nufin kyauta, ko cimma buri. Wannan ma'ana ta wani suna ce daban, wato Manal, wanda shi Balarabe ne na asali, daga tushen kalmar da ke nufin samun abu. Wasali ɗaya ne ya raba su, amma a Larabci wasali ɗaya kan raba kalma da kalma. Shi sautin "minal" kuwa, duk wanda ya yi karatun allo ya san shi: harafin "min" ne, mai nufin "daga", idan ya haɗu da "al" na farkon kalmar da ke biye. Kunne ya saba da shi a tilawa, shi ya sa yake yi mana kama da Larabci, alhali shi kaɗai bai cika magana ba.

A Indiya akwai mata masu suna Minal ko Meenal, a Pakistan ma akwai 'yar wasan kwaikwayo Minal Khan. Ba abin mamaki ba ne idan ta wannan ƙofa sautin ya ƙara shiga kunnen mutanen Kano. Sai dai duk Minal ɗin da na sani a garin nan, in ka tona sai ka tarar da Amina a ƙasa. An datse Amina ta koma Mina, sannan aka liƙa mata wutsiyar da ke jikin Amal da Nawal da Nihal da Manal. Ke nan sunan ɗinkin gida ne, da ƙyallen waje.

Alkunya ce masaƙar

Masu kukan cewa 'yan zamani sun ɓata sunaye sukan manta da dalilin da ya sa Bahaushe yake buƙatar suna na biyu tun fil azal. Magidanci ya sa wa 'yarsa sunan mahaifiyarsa don girmamawa. Matarsa ba za ta iya buɗe baki ta kira sunan surukarta a tsakar gida ba, shi ma kansa nauyin sunan uwarsa yake ji. Dole a nemi mayafin da za a lulluɓe sunan da shi. Daga nan aka sami Ummi da Mama da Hajiya da Walida da Inna, jarirai masu ɗauke da laƙabin tsofaffi.

Tun kafin su ma akwai wasu da muka saba da su har muka manta cewa ƙirƙira ce. Binta, da ake kiran Fatima da shi, daga kalmar Larabci "bint" yake, wato "'yar wane". Guntun magana ne aka tsinke daga cikakken suna, ya tsaya da ƙafarsa har ya zama suna. Zainab ta zama Abu, kalmar da a wurin Balarabe uba take nufi. In ka gaya masa sunan ƙanwarka ke nan sai ya riƙe baki. Hauwa ta zama Kulu, ta kuma zama Jidda saboda ruwayar da ke cewa a birnin Jidda kabarin Nana Hauwa'u yake. A'isha ta zama Indo, Khadija ta zama Dije, Maryam ta zama Mairo. Babu ɗaya daga cikin waɗannan da ya sauko daga littafi da siffarsa ta yanzu. Bakin iyayenmu mata ne ya sarrafa su a tsakar gida, tsakanin turmi da murhu. Idan Binta ta halatta, da wace hujja za a kori Minal?

Ba mu kaɗai ke wannan sana'a ba. Sunan Vanessa, wanda yau ake ji ko'ina a duniya har da makarantun Sabon Gari, marubucin nan ɗan ƙasar Ailan, Jonathan Swift, shi ya ƙera shi. Ya ɗebi farkon sunan dangin wata mata da ya shaƙu da ita, Esther Vanhomrigh, ya haɗa da guntun sunanta na fari, ya sa a wata waƙa da aka buga a 1726, don ya ambace ta ba tare da ya bayyana ta ba. Wannan ai alkunya ce, ko da Bature bai san kalmar ba. A Amurka kuma, daga shekarar 2000 zuwa sama, sunan Nevaeh ya bazu, wanda kalmar Turanci ce mai nufin aljanna aka rubuta daga ƙarshe zuwa farko.

Me ya sa nan?

Ba banza ba irin waɗannan sunaye suke samun ƙasa mai taushi a Fagge da kewayenta. Unguwa ce da ta tashi a bayan ganuwa a matsayin masaukin baƙi, inda ayarin raƙuman Buzaye da fataken arewa ke sauke kaya. Da jirgin ƙasa ya iso Kano a 1911, sai Turawan mulki suka yanka Sabon Gari don ma'aikata da 'yan kasuwar da suka zo daga kudu da sauran ƙasashen gaɓar teku. Kwarori, wato Larabawan Labanon da Sham, suka kafa kantunansu a gefen Fagge. Yaron da ya tashi a nan ya saba jin sunaye da harsuna biyar kafin ya kai bakin titi.

Gidajen silima ma a wannan yanki suka fi yawa: Rex da aka buɗe a 1937, da Eldorado a Sabon Gari, da Plaza da Wapa a Fagge. Tun daga shekarun 1950 'yan kasuwar Labanon suka riƙa shigo da finafinan Indiya, jama'a suka karɓe su hannu bibbiyu. Daga baya littattafan soyayya suka zo a shekarun 1980, ana sayar da su a Bata da kasuwar Sabon Gari, marubuta na gasar wa zai zaɓa wa tauraruwarsa sunan da ya fi zaƙi. Finafinan Hausa suka ɗora daga 1990, lokacin da aka fitar da Turmin Danya. Wanda ya ga zamanin Sangaya ya san yadda sunan Zubaina ya cika gari. Yau aikin ya koma hannun marubutan Wattpad da zaurukan WhatsApp, inda Amina ke zama Meenal, Khadija ta zama Deejah, Fatima ta zama Teemah. Budurwar da ta kwana uku tana bin labarin wata Meenal a waya, ranar da ta haihu sunan na nan a ajiye cikin ranta.

Sirrin zaƙinsa

Akwai wani abu a cikin sautin kansa da ya cancanci a lura da shi. Kalmomin Hausa kusan dukkansu da wasali suke ƙarewa. Shi ya sa da kakanninmu suka karɓi sunayen Larabci sai suka buɗe musu baki a ƙarshe: Zainab ta zama Zainabu, Bilkis ta zama Bilkisu, Maryam ta zama Maryama. Sunayen yayi na yanzu kuwa akasin haka suke: Minal, Amal, Hanan, Afnan, Iman, Ilham. Gaɓa biyu, a rufe baki a kan baƙi. Mai furta su yana nuna, ko bai sani ba, cewa harshensa ya ratsa Islamiyya ko boko, ya iya tsayawa inda kakarsa za ta ƙara "u". Zaƙin sunan a kunne gaskiya ne, amma a cikinsa akwai ɗan ƙamshin matsayi. Sunan gajere ne, yana zama daidai a kan katin gayyata, Ba'indiye da Balarabe da Bature duk za su iya kiransa ba tare da sun yi tuntuɓe ba. Uwar da ke mafarkin 'yarta za ta yi karatu a Alƙahira ko Landan tana jin wannan, ko ba ta faɗa ba.

Ban ga laifi a nan ba. Ma'aunin da addini ya ba mu ma'ana ce, ba tsufan suna ba. Ya tabbata cewa Annabi, tsira da amincin Allah su tabbata a gare shi, ya sauya sunan Barra zuwa Zainab saboda yabon kai da ke cikinsa, ya kuma sauya sunan wata mai nufin "mai saɓo" zuwa Jamila. Minal ba ya ɗauke da mummunar ma'ana. Abin da nake jin tsoro yana wani wuri.

Inda igiyar ke tsinkewa

Tsohon laƙabi yana da abin da yake nunawa. In ka ji Kulu ka san Hauwa ce, in ka ji Ummi ka san akwai wata uwa da ake kunya. Ladi da Talatu da Jummai da Asabe suna gaya maka ranar haihuwa. Kande da Delu suna gaya maka mace ce ta biyo bayan maza, Gambo ta biyo tagwaye, Auta ta rufe ƙofa, Azumi a watan Ramadan ta zo. Kowane suna ɗan ƙaramin tarihi ne. Minal ma haka take muddin Amina na bayanta. Amma an fara samun gidajen da laƙabin kansa ake yanka wa rago, babu kowa a bayansa. Ranar da yarinyar ta girma ta tambayi ma'anar sunanta, sai a miƙa mata abin da wani shafi ya ara daga Manal. An ba ta ƙarya a matsayin gado, alhali 'yar'uwarta mai Amina a ƙasa tana da mahaifiyar Manzon Allah, tana da sarauniyar Zazzau, tana kuma da tsohuwar da ta goyi ubanta.

Na biyu, takarda ba ta san alkunya ba. Yarinya na iya zama Amina a takardar haihuwa, Minal a rajistar firamare, Meenal a jarrabawar gama sakandare, Aminat a banki. Tun da aka shigo da lambar BVN a 2014, kuma hukumar JAMB ta wajabta lambar NIN ga masu neman shiga jami'a daga 2021, harafi ɗaya kan tsayar da ɗaliba a bakin ƙofa. Sai zaryar kotu don takardar rantsuwa, sai buga sanarwa a jarida, sai kuɗi da kwanaki. Abin da aka zaɓa don ƙawa ranar suna ya zama ɗawainiya bayan shekara goma sha bakwai.

Na uku shi ya fi yi mini ciwo. Tsallaka titi ka shiga Sabon Gari, ka ji yadda maƙwabtanmu ke kiran 'ya'yansu. Ibo na da Ngozi, wato albarka, da Chinyere, wato Allah ne ya bayar. Bayarabe na da Yetunde da Iyabo, masu nufin uwa ta dawo, ana sa wa yarinyar da aka haifa bayan rasuwar kaka. Likitoci da lauyoyi da ministoci suna ɗauke da waɗannan sunaye har ƙasashen waje ba tare da sun sunkuyar da kai ba. Mu ma muna da Kyauta, wadda ita ce Chinyere tamu, amma wace amarya ce a Fagge yau za ta yarda a kira 'yarta Kyauta, ko Tabawa, ko Delu? An jingina musu ƙauyanci. Muna ƙera sababbin sunaye da sautin kowane harshe ban da namu. Ƙirƙirar ba ta dame ni ba. Abin da ya dame ni shi ne ƙarfen da muka daina kaiwa maƙera.

Hausawa sun ce suna linzami ne. Linzami kuwa sai da igiya a hannun wani. Don haka ga masu jiran haihuwa, shawarata ba ta da tsawo. Ku kira 'yarku Minal in ya yi muku daɗi, ba ku yi abin da kakanninku ba su yi ba. Amma ku bar sunan yanka ya zama mai tushe, ku zaɓi rubutu guda ku tsaya a kansa a kowace takarda tun daga ta haihuwa. In ta yi wayo ta tambaya, kada ku aike ta intanet. Ku ce mata: sunan kakarki ne, mun ji nauyinsa muka lulluɓe shi.

Ita dattijuwar nan ta Fagge ba ta jira an ba ta amsa ba. Har yau ba ta taɓa cewa Minal ba. In jikar ta shigo ɗakinta da rarrafe, sai ta miƙa hannu ta ce, "Taho nan, takwara."