Ba Son Birni Ke Fitar Da Mutane Daga Gida Ba

Malam Edita,

Don Allah ka ba ni ɗan fili a wannan jarida mai farin jini in amsa wa masu cewa wai lalaci da son birni ne suka sa matasan ƙauye ke tururuwa zuwa Kano, Abuja da Legas. Ni dai ban yarda da wannan magana ba. Ruwa ba ya tsami banza, kuma babu mai barin gonar ubansa ya je kwana a tasha don daɗi.

Cin rani ba sabon abu ba ne a ƙasar Hausa. A da, mutum zai fita bayan kaka, ya yi ga-ruwa ko dako ko yankan farce, damina na faɗuwa ya komo gida ya ɗauki fartanya. Abin da ya canza shi ne yanzu da yawa sun daina komowa, domin daminar ta daina cika alkawari. Wata shekara ruwa ya makara, wata shekara ya ɗauke hatsi na cikin bununi, wata kuma ya zo da yawa ya tafi da gona da rumbu. Dattawanmu ba su manta da farin 1973 da na 1984 ba. Yaranmu kuma sun ga ambaliyar 2022 da ta kashe mutane fiye da 600 a Nijeriya, sun ga yadda dam ɗin Alau ya ɓalle a watan Satumba na 2024 ruwa ya mamaye Maiduguri. Wannan shi ne abin da masana ke kira sauyin yanayi. Sun ce hayaƙin masana'antu da na motoci ne ke ɗumama duniya, alhali kason Afirka duka a cikin hayaƙin bai kai 4 cikin 100 ba.

Jama'a, mu dubi Tafkin Chadi. A 1963 faɗinsa ya kai murabba'in kilomita 25,000, amma zuwa shekarun 1980 fari ya cinye mafi yawansa. Masunta suka yi ta bin ruwa yana ja da baya, har wasu 'yan Nijeriya suka kafa garuruwa irin su Darak. A 2002 Kotun Duniya ta ce wurin na Kamaru ne. Ka ga mutum kifi ya bi, sai ya wayi gari baƙo a ƙasar wasu. Daga baya rikicin Boko Haram ya zo ya tarar da mutanen da dama hannunsu bai kai bakinsu ba, ya ƙarasa tarwatsa su.

A fadamun Haɗejiya da Nguru kuma har da hannun ɗan Adam. Bayan gina dam ɗin Tiga a 1974 da na Challawa a 1992, tafiyar ruwan kogi ta sauya, ciyawar kacala ta toshe hanyoyin ruwa. Wasu gonaki suka nutse, wasu suka bushe ƙurmus. To manomin shinkafar da ya rasa fadama, ina za shi in ba birni ba? Haka makiyayi. In ciyawa ta ƙare a arewa dole ya kora kudu, ya tarar an nome burtali, daga nan sai faɗa.

Abin ba a Nijeriya kaɗai ya tsaya ba. A watan Oktoba na 2013 an tsinci gawawwaki 92 a hamada kusa da iyakar Nijar da Aljeriya, yawancinsu mata da yara daga yankin Kance a jihar Damagaram. Motarsu ce ta lalace, ƙishirwa ta kashe su. Uwar da take da hatsi a rumbu ba za ta goya ɗa ta shiga Sahara ba.

Saboda haka ina kira ga gwamnatocinmu da su daina kallon 'yan ci-rani kamar masu laifi. Kamen 'yan acaba da rushe rumfuna ba zai mayar da kowa ƙauye ba. Abin da zai riƙe mutum a gida shi ne ruwa da abin yi da rani. A yashe kacala, a riƙa sanar da manoma lokacin sakin ruwan dam, a kawo injinan ban-ruwa da iri mai saurin nuna kafin damina ta faɗi, a kuma fitar da burtali. Shirin dashen itatuwa daga Senegal zuwa Jibuti da Tarayyar Afirka ta amince da shi a 2007, muna so mu gan shi tsaye a Yusufari da Yunusari inda rairayi ke binne gonaki, ba a rediyo kawai ba.

Mu ma talakawa da namu aikin. 'Yan'uwanmu na Maraɗi da Damagaram sun daina tumɓuke kututture a lokacin sassabe. Suna barin tohon gawo da kalgo ya girma a cikin gona, kuma ta haka miliyoyin itatuwa suka dawo ba tare da an kashe kuɗi ba. Me zai hana mu koya? Mu rage sare itace don gawayi. Ku kuma 'yan kasuwa, in baƙo ya zo neman dako ko wurin kasa kaya, ku yi masa adalci, kada ku tauye masa lada don kun ga ba shi da kowa. In gemun ɗan'uwanka ya kama wuta, shafa wa naka ruwa.

Allah Ya ba mu damina mai albarka, Ya ba shugabanninmu ikon jin kukan talaka, amin.

Naku mai karatu a kullum,
daga Nguru, Jihar Yobe.