Kafin Ka Koya wa Aljannu Magana

Akwai wata al'ada da ta shigo cikin masu rubuta littattafan hikaya na Hausa, musamman labarun yaƙi da aljannu da dodanni waɗanda samari su ke karantawa a takarda ko a wayar hannu. Mai littafi ya kai inda sarkin aljannu zai yi magana, sai ya tara baƙaƙe barkatai, waɗanda ko shi kansa ba ya iya maimaita su gobe, ya ce wannan shi ne harshen aljannu. Wani ma sai ya zarce, ya zana waɗansu ƙugiyoyi da ɗige-ɗige, ya ce ga sabon rubutu, ya kamata Hausawa duka su bar boko da ajami su kama shi. Nufina a nan in nuna cewa na farkon ragwanci ne, na biyun kuwa zalunci ne a kan mutumin da ya sha wahala kafin ya iya karatu.

Kada wani ya zaci ina ƙin ƙirƙira. Ƙirƙiro magana cikin labari tsohon abu ne a ƙasarmu, kakanninmu mata sun riga kowa. Ko sunan Ruwan Gizo kaɗai ya isa ya tuna wa mutum gogan tatsuniya, mijin Ƙoƙi. Ku tuna yadda tsohuwa ta ke yi in ta zo kan maganarsa. Ba ta ce, "Yanzu Gizo ne ke magana." Sai dai ta sa masa tsamin baki, ruwa ya koma "yuwa", sarki ya koma "shayki". Yaro ɗan shekara huɗu ya san mai maganar nan take, ya kuma fahimci abin da ya ce, domin canjin yana bin hanya guda ko yaushe. Haka kuma zaurance. Masu juya gaɓa su mai da gida "dagi", masu cusa gaɓa kuwa su cusa ta bayan kowace gaɓa, ba su tsallake ko ɗaya. Wanda ya san mabuɗin ya buɗe, wanda bai sani ba ya yi zuru. Ashe ko wasan yara yana da ƙa'ida. To, don me littafin da aka sa wa kuɗi zai rasa ta?

Masu wannan al'ada su kan ce ai Turawa ma haka su ke yi, su kan kawo sunan Tolkien. To, madalla, bari mu dubi Tolkien ɗin. An haife shi a 1892, ya rasu a 1973. Babban malamin harshe ne a Jami'ar Oxford ta ƙasar Ingila. Littafinsa da ya yi suna, The Lord of the Rings, watau Sarkin Zobba, ya fito a 1954 da 1955, bayan ya yi wajen shekara 12 yana rubuta shi. Gaskiya ne ya ƙago harsuna don mutanen labarinsa, manyansu su ne Quenya da Sindarin, ya kuma ƙago musu baƙaƙe da ya kira Tengwar. Amma ta yaya? Ya gina sautin na farko bisa harshen mutanen Finlan, na biyun bisa harshen mutanen Wales, ya tsara musu nahawu, da jam'i, da tushen kalmomi, har da yadda kalma ta ke sakewa in zamani ya yi tsawo. Tun yana saurayi ya fara, har ya mutu bai gama ba. A 1919 da 1920 kuwa, aikinsa shi ne bin asalin kalmomin Ingilishi ɗaya bayan ɗaya a ma'aikatar babban ƙamus na Oxford. Watau mutum ne da ya san harshen gidansu ciki da bai. Kuma duk da haka littafin da Ingilishi ya rubuta shi, ƙagaggen harshen kamar gishiri ne a miya. Wanda ya ke son ya yi koyi da mutumin nan, sai ya fara daga inda ya fara.

Ku dubi kuma namu na gida. A 1933 aka yi gasar rubuta littattafai a Zariya, a ƙarƙashin Dokta Rupert East, daga cikinta aka sami Ruwan Bagaja na Abubakar Imam da Ganɗoki na Bello Kagara. Dukansu biyu akwai aljannu a ciki, kuma aljannun Hausa su ke yi tsantsa. A 1969 Umaru Dembo ya kai mai karatu sararin samaniya cikin Tauraruwa Mai Wutsiya, da Hausa aka je, da ita aka komo. Shin akwai wanda ya taɓa ajiye ɗayansu ya ce abin mamakin bai ishe shi ba? Gwanintar labari ita ce ta riƙe mutane fiye da shekara 90, har jikoki suna karantawa.

Yanzu sai magana ta biyu, wadda ta fi nauyi, watau sabon rubutu. Hujjar masu wannan ra'ayi ita ce boko na Turawa ne, ajami na Larabawa ne, saboda haka Bahaushe ba shi da nasa. Magana ce mai daɗin ji, amma ba ta tsayawa in an matsa ta. Baƙaƙen da Ingilishi ke amfani da su ba Ingilishi suka ƙago su ba, daga Rumawa suka samu. Na Rumawa kuwa asalinsu na Yunanawa ne, Yunanawa su ma aro suka yi wurin Finikiyawa. Babu wanda ya ce Baturen Ingila ba shi da rubutu don wannan. Fartanya ba ta tambayar wanda ya ƙera ta, mai noma da ita shi ne mai ita. Ajamin da Nana Asma'u 'yar Shehu ta rubuta waƙoƙinta na Hausa da shi, da wanda Aliyu Namangi ya bar mana Imfiraji a cikinsa, ya zama namu tuntuni. Boko ma tun da aka yi masa lanƙwasa a kan ɓ da ɗ da ƙ, aka buga Gaskiya Ta Fi Kwabo da shi tun daga Janairu 1939, ya zama ɗan gida.

Za su ce ai waɗansu mutanen Afirka sun ƙago nasu, ya kuma yi amfani. Haka ne, kuma sun cancanci yabo. Amma sai mu duba dalilin da ya sa nasu ya rayu. A 1949 Sulaimana Kante, mutumin Gini, ya fito da rubutun N'Ko domin harsunan Mandinka, gama baƙaƙen Larabci da na Turawa ba su nuna hawa da saukar muryar harshen yadda ya ke so. Bai tsaya ga zana baƙaƙe ba. Sauran rayuwarsa duka, har ya rasu a 1987, ya ƙarar da ita yana rubuta littattafai da su, na tarihi da na magani da ƙamus, har da fassarar Alƙur'ani. Wajen 1989 kuma waɗansu yara biyu 'yan'uwa a Gini, Ibrahima da Abdullahi Barry, suka ƙago Adlam mai baƙaƙe 28 domin Fulatanci, saboda sun ga wasiƙun da a ke rubutawa da baƙaƙen Larabci suna wahalar karantuwa, kowa da yadda ya ke rubuta nasa. Sun yi shekaru suna koyarwa, har a 2016 aka shigar da shi cikin tsarin baƙaƙen kwamfuta na duniya. Waɗannan buƙata ce ta haife su, aiki kuma ya raine su.

Ga kuma Sarki Njoya na Fumban a ƙasar Kamaru, wanda ya ga rubutun Larabci a hannun Hausawa da Fulani. Wajen 1896 ya fara ƙago nasa da alamomi ɗaruruwa, ya yi ta ragewa har suka koma 80 a wajen 1910, ya buɗe makarantu, aka rubuta tarihin ƙasarsa da su. Har harshe na musamman ya ƙago wa fadarsa, mai suna Shumom. Sarki ne mai iko da dukiya, amma da Faransawa suka hana makarantunsa, suka kai shi Yawunde a 1931 inda ya rasu a 1933, sai rubutun ya koma hannun 'yan tsiraru. Darasin a fili ya ke: baƙaƙe ba su rayuwa sai da makaranta, da malamai, da littattafai masu yawa. A Kano ma ƙungiyar marubuta ta Raina Kama ta taɓa fito da nata baƙaƙen Hausa, da kyakkyawar niyya. Yau wa ya ke rubuta wa ɗan'uwansa wasiƙa da su? Hausa ba ta da irin ƙishirwar da Kante da 'yan Barry suka tarar, gama tana da rijiya biyu.

Ku da kuka zauna ajin yaƙi da jahilci, kun fi kowa sanin abin da na ke faɗi. Mutum ya wuni a gona ko a fadamar Bakolori, ya zo da yamma da gajiya ya zauna a tabarma, yatsun da suka saba da ƙotar gatari su koyi riƙon fensir. Bayan watanni ya iya rubuta sunansa, ya karanta takardar asibiti da rasit na taki, ba mai cutarsa da dangwala yatsa. Irin wannan mutum za a ce wa ya koma farko? Kuma a wace ƙasa? A Fabrairu 2021 aka kwashe 'yan mata daga makarantar Jangebe ta ƙasar Talata Mafara, a Satumba na shekarar aka kwashe ɗalibai a Kaya ta ƙasar Maradun, har gwamnati ta rufe makarantun jihar Zamfara na wani lokaci. Inda koyon rubutu ɗaya ya ke da tsada haka, mai ƙara wa mutane na uku bai tausaya musu ba.

Abin da ya fi ba da haushi shi ne, sau da yawa mai ƙago harshen aljannun nan bai gyara na gidansu ba. Ka buɗe littafinsa ka tarar babu lanƙwasa ko ɗaya. Ya rubuta "sarki ya shiga fada", ba ka sani ba ko zaman shari'a ya tafi ko kuwa faɗa ya ɓarke. Ya rubuta "baki", ka rasa ko na cin tuwo ne ko baƙin da suka sauka. Ƙafa ta zama kafa, ƙare ya zama kare. Tsohon ɗan ajin dare ya yi ta tuntuɓe, har ya zaci karatunsa ne ya raunana, alhali kuwa laifin na mai littafi ne.

In kuwa baƙuwar magana mai ƙarfi marubuci ya ke nema don sarakunan labarinsa, ai ga ta a ƙofar gida. Ya saurari Hausar Zamfara, inda a ke cewa "shina tahiya", a ce "wanga" da "ɗiya" da "hwaɗi". Ya saurari Musa Ɗanƙwairo, ɗan ƙasar Bakura da Maradun, da Sa'idu Faru, ya ji kalmomin sarauta da na yaƙi da na doki waɗanda yaran birni ba su taɓa ji ba. Ya zauna da maƙera da mafarauta da masunta ya rubuta sunayen kayansu. Tsofaffin da suka san su suna tafiya ɗaya ɗaya, kowane da rumbunsa. Ko masu sinima na Amurka, da suka yi Black Panther a 2018, da suka nemi harshen da za su ba ƙagaggiyar ƙasarsu ta Wakanda, harshen Xhosa na Afirka ta Kudu suka ɗauka.

Saboda haka shawarata uku ce. Marubuci ya fara ƙware a Hausa, ya sa kowace lanƙwasa a wurinta. In ya ga lalle sai ya ƙago harshe, ya ba shi ƙa'ida kamar ta Gizo, ya sa shi kaɗan, ya fassara shi nan take. Ku kuwa masu karatu, kuɗinku ne, kuma da guminku kuka sami karatun. In kun sami littafin da ya cika da tarkacen baƙaƙe, kada ku zargi kanku, ku mayar wa mai shi, ku gaya masa dalili. Ku ci gaba da rubuta wasiƙunku da boko ko da ajami, ku koya wa na ƙasa da ku. Allah ya ƙara mana sani mai amfani, ya zaunar da ƙasarmu lafiya, amin.